Riƙon Nusaiba

Ku gyara zama, ku ba da kunnuwanku. Labarin yau ba na dariya ba ne, kuma idan ya ƙare ku ne alƙalai. Mai gyangyaɗi ya tashi ya wanke fuska tun yanzu, kada a zo ƙarshe ya ce a maimaita masa.

An yi wani mutum ana ce masa Haladu, ɗan kasuwar albasa. Yakan yi lodi nan Arewa ya bi mota har Fatakwal, ya yi wata biyu ko uku kafin ya waiwayo gida. Matarsa ta rasu wurin haihuwa, ita da abin da ke cikinta, ta bar masa 'ya ɗaya tal mai suna Nusaiba. Yarinyar tana kwana a gidansu na gado, inda ƙanensa Badamasi yake zaune da matarsa Hansatu. Da rana kuma tana gidan kakarta ta wajen uwa, Iya Tabawa, wanda katanga ɗaya ce ta raba shi da nasu. Haladu in zai yi tafiya hankalinsa kwance yake. Ya bar 'yarsa tsakanin baffanta da kakarta, wa kuma zai nema?

Badamasi yana da injin markaɗe a wani ɗaki jikin zaure. Mutum ne mai fara'a, mai yawan gaisuwa, ba ya rasa sahun gaba a masallaci. Shi ne ya ci amanar. Ranar wata Talata tsakanin azahar da la'asar ya lalata yarinyar nan, 'yar shekara bakwai, 'yar wansa uwa ɗaya uba ɗaya. Abin da ya wuce wannan ba na faɗi ba ne, duk wanda ya haifa ya gane.

Waya ta sami Haladu yana tsaye kan buhuna. Kwana biyu ya yi a hanya bai sa komai a cikinsa ba sai ruwa. Da ya iso bai san wanda ya yi ba, kuma cikin waɗanda suka tarbe shi da jaje har da Badamasi, ya riƙe masa hannu yana cewa duk ranar da aka kama mutumin nan shi da kansa zai fara sa masa hannu. Daga wannan rana har shekara uku da wani abu, mata uku ne suka riƙe maganar Nusaiba ba ta faɗi ƙasa ba. Ku ji abin da kowacce ta yi, ku kuma ji abin da kowacce ta ɓata, don babu wadda ta fito fes.

Ta farko ita ce Lantana, yayar Haladu da Badamasi, gwaggon yarinyar ke nan. Shekara goma sha takwas tana shara da goge-goge a ɗakin haihuwa na wani ƙaramin asibiti, ta ga abubuwa da yawa. Ranar da abin ya faru, Iya Tabawa ta ga jikarta ta shigo tana dafa bango, ta duba ta gane. Sai ta yi abin da ta ga iyayenta suna yi: ta rufe ƙofa, ta ɗora ruwa a wuta, ta jefa bagaruwa, ta aika a kira Lantana a ɓoye ta zo da man shafawa. Lantana na shigowa ta ga tukunya tana tafasa, ta ga an tuɓe kayan yarinya za a jiƙa. Ba ta ko gaishe da tsohuwa ba, ta sauke tukunyar ta kifar a tsakar gida.

Ta ce, "Iya, in ruwan nan ya taɓa ta, kin wanke wa mai laifi laifinsa."

Iya ta ce, "Lantana, 'ya mace ce. Ki rufa mana asiri."

Lantana ta ce, "Asirin wa?"

Ta naɗe kayan yarinyar yadda suke, ta goya ta da zane kamar jaririya, ta nufi babban asibiti. Likita ya duba ta a ranar, ya rubuta abin da ya gani, ya sa hannu. Daga baya, da ta bayyana cewa mai laifin ƙanenta ne, dangi suka yi mata taron dangi a kan ta je ta ce faɗuwa yarinyar ta yi. Ta ƙi. Aka daina gaishe ta, aka daina kai mata goron biki, ta zama kamar ba a gidan aka haife ta ba. Wannan duk ta ɗauka.

Amma Lantana mace ce mai zafin kai. Akwai ƙofar baya, akwai masu keken haya a bakin lungu. Ita kuwa ta bi ta babban titi daidai lokacin da ake fitowa daga sallar la'asar, tana tafe tana kuka tana tsine wa wanda ya yi da babbar murya. Kafin magariba babu gidan da bai san sunan yarinyar ba. Yara suka daina zama kusa da Nusaiba a Islamiyya, iyaye mata suka riƙa nuna ta da baki. Haladu ya gode wa yayarsa har cikin ransa, kuma duk lokacin da ya ga 'yarsa tana raɓewa jikin katanga don kada a gan ta, sai ya ji haushin Lantana ya taso masa.

Ta biyu ita ce Iya Tabawa ɗin nan da ta ɗora ruwa. Bayan an dawo daga asibiti, bakin Nusaiba ya rufe. 'Yar sanda mace ta lallashe ta, shiru. Lantana ta jijjiga ta tana cewa ta faɗi sunansa, shiru. Haladu ya durƙusa a gabanta yana hawaye, babban mutum da gemunsa, shiru. Kwana goma sha tara yarinyar ba ta ce uffan ba. Iya kuwa ba ta taɓa tambayarta komai ba. Takan shimfiɗa tabarma ta zube gyaɗa, su zauna su yi ta ɓara, tsohuwa tana 'yan surutanta na mutanen da suka mutu tun kafin a haifi Haladu. A rana ta goma sha tara aka tayar da injin markaɗe a bayan katanga. Yarinyar ta watsar da gyaɗar hannunta ta cusa kai cikin zanen kakarta, can ƙasa-ƙasa ta ce, "Baffa ya ce in na faɗa, Baba zai mutu a hanya."

Tsohuwar nan ba ta yi karatu ba, amma tana da hankali. Ba ta yi salati da ƙarfi ba, ba ta ambaci sunan kowa ba, ba ta ƙara wa yarinyar ko kalma ɗaya ba. Ta aika aka kira Haladu, ta ce, "Ga babanki nan da ransa. Faɗa masa da bakinki." Ta faɗa. Haladu ya ce daga baya, da ƙasa ta tsage a lokacin, da ya shige cikinta.

Ranar da aka kai Nusaiba gaban babbar kotu, ta ga manyan rigunan alƙali da lauyoyi ta sake yin gum, sai da alƙali ya yarda aka zaunar da Iya inda yarinyar za ta riƙa ganinta. A doka, yaro ƙarami kamarta ba a rantsar da shi, kuma kafin a saurare shi sai alƙali ya gwada ya ga ko ya san bambancin gaskiya da ƙarya. Alƙali ya tambaye ta me ke samun mai ƙarya. Ta ce, "Iya ta ce Allah ba ya son sa, kuma ba a cin abinci da shi kwano ɗaya." Aka rubuta. Sannan ta ba da labarinta tun daga kiran da Baffa ya yi mata har fitowarta.

To amma Iya Tabawa ce ta yi mata tarbiyya, kuma tarbiyyar irin ta da ce: yaro ba ya kallon babba cikin ido, ba ya musu da shi, in an kira shi ya amsa da gudu. Lauyan Badamasi dattijo ne mai furfura da taushin murya, kuma ɗan ƙasa ne, ya san irin yaran da ake renonsu haka. Ya sunkuyo ya ce, "'Yata, kakarki ce ta koya miki wannan magana, ko ba haka ba?" Nusaiba ta sunkuyar da kai ta ce, "Eh." Ya juya tambayar ya sake, ta ce eh. Sau uku. Ba don gaskiya ba ne, don dai ba a taɓa koya mata yadda ake ce wa mai furfura a'a ba. Haladu yana zaune yana ji kamar ya yi ihu. Ya tuna cewa wannan ladabin ne ya kai ta ɗakin injin da ƙafarta ranar da baffanta ya kira ta.

Ta uku ita ce Hansatu, matar mai laifin. Ita tun ranar Talatar ta sani. Matar mai injin markaɗe tana gane kukan inji daga cikin ɗakinta, ta san lokacin da yake cin hatsi, ta san lokacin da yake kuka da cikinsa wayam. Ran nan ta ji yana ta kuka ba komai a ciki, ta ce wannan ai ɓarnar mai ce, ta fito ta leƙa. Ta tarar an sa sakata ta ciki da rana tsaka, ga silifas ɗin Nusaiba a bakin ƙofa. Ta tsaya. Sannan ta juya ta koma ɗakinta ta zauna a bakin gado. Bayan wani lokaci, ta tagar ɗaki, ta ga yarinyar ta fito tana dafa bango.

Wata biyar Hansatu ba ta gaya wa kowa ba. Tana da 'ya'ya uku, ubanta ya rasu, ba ta da inda za ta. Ita ce ke dafa wa Haladu abinci ta ajiye masa a zaure, ta dawo ta ɗauke kwanon bai taɓa ba. A cikin watannin nan shari'a ta fara mutuwa. Bayan an kama Badamasi an ba da belinsa, ya kawo abokai biyu suka rantse cewa ranar yana wata kasuwa sayen kayan inji. Lauyar gwamnati ta gaya wa Haladu ba ɓoye-ɓoye cewa doka ba ta yarda a ɗaure mutum da maganar yaron da ba a rantsar ba ita kaɗai, sai an sami wata shaida daga waje da ta nuna shi ne. Ba su da ita.

Sai wata rana da hantsi Hansatu tana tankaɗe, ta ji mijinta ya ƙwala wa 'yarsu mai shekara biyar kira, ta kawo masa ruwa ɗakin inji. Rariya ta suɓuce daga hannunta. Ta riƙe 'yarta, ta ja mayafi, ta tafi wurin Haladu ta durƙusa.

Ta ce, "Yaya, ina da magana. In na faɗe ta ba ni da gida, amma zan faɗa."

Ta faɗa masa, ta kuma je kotu ta faɗa a gaban mijinta, ta ambaci ranar da lokacin da sakatar da silifas ɗin. Kafin ta sauko daga matakalar kotu aka miƙo mata takardar saki uku. Dangin miji suka karɓe 'ya'yanta maza biyu, suka bar ta da macen. Ta koma ƙauye wurin wanta tana soya awara a bakin hanya. Haladu ya san ba don ita ba da an sallami ƙanensa. Ya kuma san ta ga silifas ɗin 'yarsa a bakin ƙofa ta koma ta zauna, kuma bakinta bai buɗe ba sai da kiran ya zo kan tata 'yar.

Alƙali ya yanke wa Badamasi ɗaurin shekara goma sha huɗu. Kuna tsammanin an gama? Ina! Dangi suka sayar da gona suka ɗaukaka ƙara. Su a wurinsu abin kunyar shi ne a ce ɗansu yana gidan yari, abin da ya kai shi can kuwa ba ya cikin zancen. Aka shekara uku ana ɗage zama.

Kotun ɗaukaka ƙara ba kamar ta farko ba ce. Ba a kiran shaidu, ba wanda zai ga fuskar yarinya ko ya ji rawar muryarta. Alƙalai uku ne suke zama da tulin takardu, abin da aka rubuta kawai suke aunawa. Lauyan Badamasi ya tsaya a kan abu uku: yarinya ba ta yi rantsuwa ba, da bakinta ta ce an koya mata har sau uku, ita kuma Hansatu mace ce mai jin haushin miji. Dangi sun sakankance har sun sa an yi wa ɗakin Badamasi farar ƙasa, an goge injin, an ɗaure rago a tsakar gida. In aka sake shi, gidan nan zai dawo, katanga ɗaya tsakaninsa da gidan Iya inda Nusaiba take kwana yanzu, kuma gari duka zai ce yarinyar ƙarya ta yi wa baffanta.

Ranar hukunci Haladu ya zauna a bencin baya. Ba ya jin Turanci, fuskoki kawai yake karantawa. Alƙali ɗaya ya yi ta karatu, sai ya ga lauyan Badamasi yana gyaɗa kai, dangin Badamasi suna taɓa juna. Sannan sauran biyun suka yi nasu, murmushin ya ɓace daga fuskokin. Da aka tashi, lauyar gwamnati ta ja shi gefe a bakin matakala ta fassara masa.

Ta ce alƙali ɗaya ya ce a sake shi, saboda "eh" ɗin nan uku suna cikin takarda, kuma shakka ta shiga. Biyu suka ce a'a, ɗaurin yana nan. Sun ce takardar likita ta nuna an yi wa yarinya abu a ranar, amma ba ta faɗi wanda ya yi ba. Shaidar Hansatu ta nuna wanda ya kulle kansa da yarinya a lokacin, amma Hansatu ba ta ga abin da ke bayan ƙofa ba. Maganar yarinyar ce ta haɗa biyun, ita kuma a doka ba ta tsayawa ita kaɗai, kuma da ba a rubuta amsar da ta ba alƙali kan gaskiya da ƙarya ba, da ba za a ma karɓe ta ba. Game da "eh" kuwa, sun ce a karanta takardar gaba ɗaya: duk inda aka bar yarinyar ta yi magana da kanta, labarinta bai sauya ba, har ta faɗi cewa Baffa ya tayar da inji ba hatsi kafin ya sa sakata, abin da kakarta ba ta da hanyar sani, kuma ya zo daidai da na Hansatu.

Lauyar ta ce, "Malam Haladu, cire ɗaya daga cikin ukun nan, da yau a gida zai kwana."

Haladu ya jingina da bango ya yi kuka. Ba kukan murna ba ne, don ba a murna da irin wannan. Mutum ɗaya cikin uku ne kawai ya rage a mayar da 'yarsa maƙaryaciya, wannan ya tsaya masa a rai.

Yanzu ga inda maganar ta tsaya. Jarin Haladu ya kusa ƙarewa a zirga-zirgar kotu, dole ya koma Fatakwal, kuma ba a renon 'ya mace a rumfar albasa. Gidan gado ya haramta gare ta, don mutanen cikinsa ko ruwa ba za su ba ta da zuciya ɗaya ba. Dole ya ba wani riƙonta. Matan nan uku kowacce ta zo ta ce a ba ta.

Lantana ta ce ita ke da albashi, za ta nemi a mayar da ita wani gari inda ba wanda ya san labarin, ta sa yarinya a makaranta har ta zama mutum. Gaskiya ne, kuma babu namijin da zai kusanci gidan da Lantana take ciki. Sai dai har yau in Nusaiba ta ji muryar gwaggonta daga zaure, jikinta yakan ɗauki rawa.

Iya Tabawa ta ce jinin 'yarta ce, kuma yarinyar ba ta iya barci sai ta ji ɗumin bayanta. Wannan ma gaskiya ne. Sai dai Iya ta haura saba'in, ba ta yarda ta bar ɗakin da mijinta ya mutu ya bar ta ba, kuma ɗakin yana jikin gidan da Badamasi zai dawo in ya gama wa'adinsa. Har gobe kuma in an matsa mata takan ce da an bar ta ta rufa asiri, da yarinyar ba ta sha wannan tonon silili ba.

Hansatu ta zo ta durƙusa ba ta iya ɗaga kai ba. Ta ce ta san abin da ta yi, a ba ta dama ta yi wa yarinyar hidima har ƙarshen ranta. Ƙauyensu nesa yake da masu nuni da baki, kuma a shekara ukun nan ba wanda ya ga Nusaiba ta yi dariya sai in tana wasa da 'yar Hansatu ranar da suka shigo gari. Sai dai Haladu in ya rufe ido, silifas ɗin nan yake gani a bakin ƙofa, da mace tana juya baya.

Ya yi kwanaki yana juya abin, ya kasa. Daga ƙarshe ya ce bari ya tambayi mai abin, tunda yanzu ta shekara goma. Ya same ta da yamma tana wanke kwanuka a gidan kakarta, ya tsuguna kusa da ita, ya kira sunanta, ya gyara murya. Yarinyar ta dubi yadda ya tsuguna da yadda ya sassauta murya. Haka 'yar sanda ta yi, haka likita ya yi, haka alƙali da lauyoyi suka yi. Ta ajiye kwanon a hankali, ta haɗa hannuwanta a cinya.

Ta ce, "Baba, kai ma tambayata za ka yi?"

Ya ce, "A'a, Nusaiba. An gama tambayarki." Ya ɗauki kwanon ya taya ta ɗauraya.

Motar albasa za ta tashi ranar Asabar, kuma Haladu bai yanke ba. Shi ya kasa, yarinya kuma ba za a ƙara ɗora mata ba. To, ku da kuke zaune kuka ji komai, Lantana da ta kifar da tukunya, da Iya Tabawa da ta buɗe bakin yarinya, da Hansatu da ta rasa gidanta don ta faɗi abin da ta gani, wace ce a cikinsu ta fi cancanta a damƙa mata riƙon Nusaiba?